Makullin Shagon Malam Tanimu

Limancin Kona,
Birnin Zariya.
Laraba, bayan la'asar.

Zuwa ga 'yata Rabi'atu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Uwata, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ki cikin lafiya da kwanciyar hankali, ya tsare miki hanya daga ƙofar gidan nan har inda za ki sauka, ya haɗa ki da direba mai haƙuri da abokan zama nagari. Allah ya sa aikin nan da kika samu ya zama alheri gare ki da mutanen da za ki yi wa.

Za ki yi mamakin ganin wasiƙa daga mutumin da katanga ɗaya ce tsakaninki da shi. Yanzu haka ina jin ki kina jan akwati, mahaifiyarki tana yi miki faɗan kin cika shi da littattafai kin bar daddawa da kuka a waje. Da na iya, da na kira ki na faɗa miki da baki. Amma sunan mahaifiyata gare ki, kuma tun Juma'ar nan da na daka miki tsawa ban ƙara iya ɗaga ido na dube ki sosai ba. Don haka na ce a miƙa miki wannan da daren nan, ki karanta ke kaɗai kafin ki kwanta.

Gobe Alhamis hanyarmu biyu. Ke za ki tasha, ki kama hanyar ƙasar Bauchi, inda za ki fara aikin jami'ar mulki a ƙaramar hukuma. Ni kuma zan tafi kotu in tsaya gaban alƙali in faɗa masa dalilin da zai hana ya tura ni gidan yari saboda raina umarninsa. Ban sani ba ko a gidan nan zan yi sallar magariba. Tsoro nake ji, Uwata, ba zan ɓoye miki ba. Kuma tunda irin kujerar da na zauna a kai tun kafin a haife ki za ki je ki zauna, gara ki ji yadda mutum yake kai kansa wannan wuri, daga bakin wanda ya kai kansa.

Kin san farkon maganar, amma bari in jera miki ita yadda ta faru, don a tsakar gida guntu-guntu kuka riƙa ji. Ni ne shugaban sashen kasuwanni a ƙaramar hukumar da nake aiki. Ciyaman ya so a rushe jerin tsofaffin shagunan nan na bakin ƙofar gari a gina masu bene. Kowa ya kwashe kayansa, sai Malam Tanimu mai ɗinkin manyan riguna, wanda ya ce tun zamanin mahaifinsa hukuma ta ba su wurin, kuma ba a nuna masa inda zai koma ba. Aka ce a rufe shagon. Ni na je da ma'aikata, ni na danna kwaɗo da hannuna, na jefa makullin a aljihu. Ko allura ba mu bari ya ɗauka ba, ga rigunan mutane jibge a ciki. Ya kai ƙara. Kotu ta ce a buɗe masa ya ci gaba da sana'arsa har a gama shari'a. Magana ce wadda ko ƙaninki na firamare zai gane. Lokacin ko ruwan farko bai sauka ba. Yau ga shi gero ya fitar da kai.

Washegarin da umarnin ya iso ofis, Ciyaman ya aiko a kira ni. Na shiga na rusuna na gaishe shi, yaron da na sani tun yana bin mahaifinsa kasuwa da gajeren wando. Ya ce, "Malam Garba, ka ga takardar nan ta kotu?"

Na ce, "Na gani, ranka ya daɗe. Makullin ma yana wurina, yanzu zan je."

Bai ko dube ni ba, yana latsa waya ya ce, "A ɗan dakata tukuna. Lauyoyinmu suna kai."

Shi ke nan abin da ya faɗa. Wallahi a lokacin maganar ta zo mini har leɓe, in ce, "Ranka ya daɗe, a ɗan rubuta mini." Sai na haɗiye ta. Kin san tarbiyyarmu ta cikin birni. Ka ce wa na gaba da kai ya rubuta maka abin da ya faɗa, kamar ka ce masa maƙaryaci ne a gaban jama'a. Na ce, "To, ranka ya daɗe," na fito da baya da baya, ina ma jin daɗin na nuna ladabi.

Uwata, ladabi ba zai hana ki neman rubutu ba. In shugaba ya ba ki umarni da baki a kan abin da kotu ta riga ta yi magana, ki rusuna yadda aka koya miki, ki gaishe shi da kyau, sannan ki ce a sa miki a takarda. In bakinki ya yi nauyi kamar nawa, ki koma teburinki ki rubuta masa da kanki, ki ce ga abin da kika ji ya ce, ga kuma abin da kotu ta ce, kina jiran ya sa hannu. Na ga irin wannan umarni da yawa a rayuwata, kuma kusan dukansu da zarar sun ga biro suke mutuwa. Ko da ya sa hannun ma, kada ki ɗauka ya wanke ki, don alƙali wanda ke riƙe da makulli yake tambaya.

Kuskurena na biyu shi ya fi ci mini rai, domin da ke aka yi shi.

Akwai wani karatu da muke koya wa juna a ofisoshinmu, wanda ba a Kongo, tsangayar mulki da shari'a ta jami'a, ake koyar da shi ba. Wai muddin takardar kotu ba ta taɓa hannunka ba, babu abin da za a iya yi maka. Na sha ganin manya suna fita ta ƙofar baya in an ce ga mai kawo sammaci, a yi ta dariya a ce wane ya iya aiki. Da lauyan Malam Tanimu ya koma kotu ya ce ba a buɗe ba, aka fitar da takardar gargaɗi da sunana, sai ni ma na ce bari in gwada gwanintata. Na fara da cewa na tafi rangadin kasuwannin ƙauye. Da rangadin ya ƙi ƙarewa har masinja ya fara yi mini murmushi, sai na dawo gida na zauna.

Kakanki ya gina zauren gidan nan don ɗalibai da baƙi. Baƙo namiji ya yi sallama, ya zauna a tabarma, a shiga a faɗa wa mai gida, ba ya wuce nan ko shi wane ne. Wannan mutunci ne da aka yi don kare iyali. Ni kuwa na mayar da shi maɓoya, don na san babu ma'aikacin kotun da zai keta zaure a Limancin Kona ya shigo cikin gida.

Wanda aka turo shi ne Malam Bitrus, dattijon nan na Wusasa mai tsohuwar jakar fata. Ranar da ya fara zuwa ƙannenki suna makaranta, ke kaɗai ce a kusa. Kin tuna. Na kama hannun hijabinki a bakin ƙofar tsakar gida na ce miki a hankali, "Ki ce ba na nan." Kika tsaya kina dubana. Ke da ko ƙwai kika fasa tun kina ƙarama sai kin zo kin kai ƙarar kanki. Na ƙara cewa, "Je ki mana." Kika je bayan ƙyaure kika faɗa.

Ina manne da bango na ji amsarsa. Ya ce, "To madalla, 'yata. In ya dawo ki gaishe shi. Ki ce masa ya riƙa shigar da babur ɗinsa ciki, ga hadari yana haɗuwa."

Da ƙasa za ta tsage a lokacin da na shige. Amma ban fito ba.

Ya yi ta dawowa. Ya yi sallama, a ce ba na nan, ya ce bari ya ɗan huta. Mahaifiyarki kuwa ta ce ita ba za a bar baƙo a zaurenta da ƙishirwa ba, ko da kuwa kama mijinta ya zo yi. Yau ruwa, gobe fura, ranar da ya kai azahar har tuwo aka kai masa. Ni ina ɗaka ina jin ƙarar wanke hannunsa, ina jin yana cewa a gode wa uwar gida, miyar ta yi daɗi. Masallaci yana nan taku kaɗan daga ƙofarmu, ina jin ana tayar da salla, ni kuwa ina yin tawa a ɗaki kamar mai jego. Maƙwabta suka fara aiko da yara su duba jikina. Sai da na sa aka ce zazzaɓi ne, ƙarya ta haifi 'yar'uwarta.

Ƙarshen wayon nawa, kotu ta ba da izini a manna takardar a ƙofar gida, a ɗauka na karɓa. Ranar Juma'a da hantsi ya zo da ita. Kin ce sai da ya nemi afuwarki kafin ya shafa gam, ya ce shi ma aiko shi aka yi. A unguwar da kowa malami ne ko ɗan malami, aka manna sunana da na mahaifina a ƙyauren da kakanki ya kafa. Masu tafiya masallaci suka riƙa rage sauri. Wanda bai iya Turanci ba ya jawo jikansa ya fassara masa. Da na karɓa a ofis tun ranar farko, da daga ni sai Malam Bitrus muka sani.

In aka ce miki ga mai sammaci yana neman ki, ki miƙe tsaye ki tarbe shi, ki ba shi kujera, ki karɓa da hannu biyu, ki sa hannu, sannan ki zauna ki karanta har ƙarshe. Karɓar takarda ba amsa laifi ba ne. Kuma kada ki taɓa sa na ƙasa da ke ya ce ba kya nan. Za a ba ki masinja da akawu, wataƙila sun haife ki. Duk ranar da kika sa ɗayansu ya yi miki ƙarya, kin ɗora masa kayan da ba nasa ba, kuma zai riƙa gaishe ki kullum yana tunawa. Na ga yadda kika daina zama kusa da ni in ana cin abinci, na kuma san dalili.

A ranar Juma'ar nan ce kika same ni bayan an sauko daga masallaci, ina zaune na yi tagumi. Kika durƙusa kika ce, "Baba, in ka yarda in yi magana." Na ce ki yi. Kika ce, "Baba, ɗaukaka ƙara ba ta dakatar da umarni. Sai in wata kotu ta ce a dakata. Har yanzu umarnin yana kanka. Ka je ka buɗe, don Allah."

Ni kuwa da safiyar ranar lauyan hukuma ya buga mini waya ya ce, "Malam Garba, ka kwantar da hankalinka, mun ɗaukaka ƙara, magana ta bar hannun wancan alƙalin." Abin da nake so in ji ke nan, na rungume shi. Sai ga 'yar cikina ta zo tana ƙwace mini. Na ce miki, "Ni na ɗauke ki a bayan babur na kai ki Kongo, yau ke za ki koya mini aikin gwamnati? Tashi ki ba ni wuri!" Har mahaifiyarki ta saki muciya ta leƙo. Kika ce, "Allah ya ba ka haƙuri, Baba," kika tashi.

Ke ce mai gaskiya. Lauyan da na ɗauka da kaina daga baya, abin da kika faɗa shi ya maimaita mini, sai dai shi ya yi ta jan magana kafin ya iso wurin. Ya kuma nuna mini abin da ban lura da shi ba, ni da na yi shekaru ina karanta takardu. Lauyan hukuma, hukuma yake karewa. Hukuma kuwa ba a kai ta gidan yari, ba ta da ƙafar da za a sa wa mari. A takardar da aka manna babu sunan Ciyaman, babu na sakatare. Garba ne kawai. Don haka duk takardar da ta zo teburinki, kafin ki tambayi abin da manya suke so, ki duba sunan wa ke kai. Kuma in ƙaramin ma'aikaci ya kawo miki gyara ranar da ranki yake ɓace, ki ce masa ya dawo anjima, kada ki kore shi.

Za ki ce daga nan sai na je na buɗe. Ina! Sai na koma ga abin da muka iya tun kaka da kakanni, na tafi kamun ƙafa. Na samu Liman da Mai Unguwa na ce su sa baki, Malam Tanimu ya janye ƙararsa. A raina ina ganin umarnin kotu kamar rigimar iyakar gona ce tsakanin 'yan'uwa, dattawa su zauna, a yi fatiha, kowa ya tashi.

Aka kira shi zauren Liman bayan la'asar. Ya zo ya zauna can bakin ƙofa wajen takalma. Ya rame, Uwata. Mutumin da sahu ɗaya muke tsayawa da shi tun muna samari. Mai Unguwa ya yi ta jawo masa zumunci da maƙwabtaka, ya ce ya dubi girman Allah ya dubi furfurar Garba, kada a ce ɗan unguwa ya ɗaure ɗan unguwa. Ina zaune ina gyaɗa kai, kamar ni aka zalunta.

Da aka ba shi dama ya ce, "Allah ya gafarta Malam, ni na yafe wa Malam Garba tun kafin a kira ni. Amma rigunan da ke ciki ba nawa ba ne. Masu su sun daina gaishe ni, wani ma cewa yake na sayar. Kuma rufin nan yana yoyo ta kusurwar gabas, ni na san inda nake tara kwano in hadari ya taso. Duk ruwan da aka yi bana, ina kwance ina jin sa a kan kayan mutane." Ya share ido da bakin hularsa ya ce, "Lauyana ma ya ce ko na janye, abin da ya rage tsakanin Malam Garba ne da alƙali."

Sai Liman ya juyo ya ce, "Garba, shi makullin yana hannun wa?"

Na ce, "Yana wurina, Allah ya gafarta Malam."

"A ofis?"

Na ce, "A aljihuna."

Ya daɗe yana kallon aljihun. Sannan ya ce, "To me muka taru yi?" Ya jawo buta ya tashi, taro ya watse ba a yi fatiha ba.

Ba na hana ki sulhu. Da sulhu garin nan yake zaune, kuma za ki ga amfaninsa a inda za ki. Amma in kotu ta riga ta yi magana, ki fara aikata abin da ta ce, sannan a kira dattawa a gyara zukata. Abin da na yi shi ne na ɗebo manyan unguwa na jibga wa mutumin da ba shi da kowa, don ya ji kunya ya bar haƙƙinsa. Ranar da kika ga kina neman a tara wa talaka manya, ki tsaya ki laluba aljihunki tukuna.

Bayan wannan ne takarda ta biyu ta zo, wadda ta sa ranar gobe. Shekaranjiya Litinin na ɗauke ta na tafi wurin Ciyaman. Na yi zaman jira tun safe har rana ta take, sannan aka shigar da ni, ofis cike da 'yan siyasa. Na miƙa masa na ce, "Ranka ya daɗe, ga inda dakatawar nan ta kai ni."

Ya karanta, ya ɗago da mamaki kamar yau ya fara jin labarin. Ya ce, "Subhanallahi! Malam Garba, wai har yanzu ba ka buɗe shagon nan ba? Ni na ce ka ƙi bin kotu? Ni mai bin doka ne, kowa ya sani. In na ce, nuna mini inda na rubuta." Mutanensa suka yi ta girgiza kai suna kallona da tausayi.

Na juya zan fita, sai ya taso ya rako ni har bakin ƙofa, abin da bai taɓa yi ba, ya dafa kafaɗata ya ce a hankali yadda ni kaɗai zan ji, "Amma ka sani, in ka buɗe, ka fita daga cikin mutanena."

Na hau babur ban san ta inda na biyo na iso gida ba. Ritayata ta kusa, ƙannenki suna makaranta, kuma na san abin da ake yi wa wanda ya fita daga cikin mutanen Ciyaman. Jiya yini na yi a ɗaki ina juya makullin nan a hannu. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne, tun farkon damina nake cewa an hana ni, an hana ni, alhali ko sau ɗaya ba wanda ya karɓe shi daga hannuna.

Yau da sassafe na tafi Wusasa, na yi tambaya aka nuna mini gidan Malam Bitrus can gindin dutsen Kufena. Sallama ɗaya na yi ya fito da kansa, da ɗan tawul a wuya. Ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "A'a, Malam Garba! Ashe ka dawo daga tafiyar." Na ce na dawo. Na ce ina so ya zo ya gani da idonsa, ya rubuta wa kotu. Ya shiga ya ɗauko jakarsa ya hau bayana. Muka biya muka ɗauki Malam Tanimu a wani babur.

Kwaɗon ya yi tsatsa, sai da mai facin taya na kusa ya ɗiga masa baƙin mai. Mutane suka fara taruwa. Da ƙofar ta buɗe, warin ruma ya buge mu har sai da muka ja baya. Ruwa ya kwanta a kusurwar da ya faɗa. Gara ta hau bango ta shiga cikin kayan da ke ƙasa. Malam Tanimu ya tuɓe takalmi ya shiga, ya riƙa ɗaga rigunan ɗaya bayan ɗaya yana kiran sunan masu su a hankali, kamar mai gaishe su. Wannan ta angon da aka riga aka ɗaura wa aure ce. Wannan ta wani tsoho ce da ya so ya sa da Sallah, Allah ya yi masa rasuwa a watan jiya. Bai zage ni ba, bai ko dube ni ba. Da ya zage ni da na fi samun sauƙi.

Can ƙasan jibgin ya jawo wata farar shadda. An gama aikin aljihu, na wuya an kai rabi, allurar ma tana soke a jiki da zarenta, ta yi tsatsa ta ɓata wurin. Ruwa ya zana mata tabo ruwan ƙasa tun daga kafaɗa har ƙirji. Ya karkaɗe ta, sannan ya miƙo mini.

Na ce, "Ta wa ce?"

Ya ce, "Taka ce. Rabi ta kawo da ta dawo daga bautar ƙasa, ta ce in yi maka aiki mai kyau, ka sa ranar da za a yi maka walimar ritaya. Ta roƙe ni kada in faɗa."

Uwata, ashe duk ranar da kika tsaya bayan ƙyaure kina cewa ba na nan, kin san abin da ke cikin shagon. Ashe ranar da na kore ki, kina da maganar da za ki faɗa ki karya ni da ita, kika haɗiye. Na tsaya a tsakiyar kasuwa da riga a hannu, hawaye yana zuba, Malam Bitrus ya juya baya yana ta rubuce-rubucensa don kada in ji kunya.

Kafin azahar takarda ta iso daga ofis, an dakatar da ni daga aiki sai abin da bincike ya nuna, wai na yi gaban kaina. Da sa hannun Ciyaman da hatiminsa, ashe ya iya rubutu. Na fito zaure da kaina, na karɓa da hannu biyu, na sa hannu, na ce a kawo wa masinjan ruwa.

Lauyana ya ce buɗewar za ta taimaka, amma ta zo a makare, kuma alƙalin ya gaji da jami'an da ke mayar da umarninsa abin wasa. Yana iya karɓar ban haƙuri ya sallame ni, yana iya tura ni in kwana biyu a ciki don na baya su gani. In ya tambaye ni, zan faɗi abin da aka ce mini a ofis yadda aka faɗa, ba ƙari ba ragi. Zan kuma faɗa masa inda makullin yake tun daga ranar farko. Mahaifiyarki ta haɗa mini 'yar jaka, da maganin hawan jinina da carbi da bargo, ta ajiye kusa da akwatinki. Ki lura da safe kada ɗan acaɓa ya haɗa da ita.

Na ji kina gaya mata za ki ɗaga tafiyar ki bi ni kotu. Ban yarda ba. Takardarki ta ce ki bayyana a wurin aiki ranar Juma'a, kuma ba za ki fara aikin gwamnati da neman uzuri saboda ni ba. Kawunki zai raka ni. Duk yadda aka yi, za a buga miki waya kafin ki sauka.

Rigar tana rataye a ƙofar ɗakina. Mahaifiyarki ta so ta jiƙa ta ko tabon zai fita, na ce ta bar shi. Malam Tanimu ya zare allurar, ya ɗaure bakin zaren don kada ya warware, ya ce duk ranar da na kawo zai ƙarasa wuyan. Ita zan sa gobe. In kin fito da safe kika gan ni a ciki, kada ki ce komai, don ba zan iya amsa miki ba.

Ki yafe mini Juma'ar nan, ki yafe mini abin da na sa bakinki ya faɗa. Ni ban taɓa riƙe ki da komai ba. Allah ya yi miki albarka, ya kai ki lafiya, ya tsare ki daga sharrin hanya da sharrin kujera, ya ba ki shugabanni masu tsoronsa, ya ba ki ƙarfin zuciya ranar da ba ki samu irinsu ba. Ki riƙe salla a kan lokaci, ki riƙa kiran mahaifiyarki ko ba ki da labari. Ni ma ki sa ni a addu'a in kun tsaya azahar a hanya, wataƙila lokacin ana kiran sunana.

Na tara ƙannenki ɗazu na gaya musu. Daga yau duk wanda ya yi sallama a zauren nan ya tambaye ni, in ina ciki a ce ina nan. In kuma gobe ban dawo ba, a faɗa masa inda nake.

Wassalamu alaikum.

Mahaifinki,
Garba.